Kantun Jimeta da Firalin na Amurka: Halin Sukari a Kan Wuta

A yawancin gidajen Yola da Jimeta akwai mace guda da aka sallama wa harkar alawa. Idan biki ya taso, ko suna, ko aka shiga haɗa kayan gara, ita ake aika wa da sukari da gyaɗa da riɗi, domin kowa ya yarda tana da hannu. Wadda kuwa ta gwada sau ɗaya ko biyu kantunta ya ƙi kamawa, ko alawar madararta ta fito da tsakuwa, sai ta tattara ta ajiye, ta ce ita ba a ba ta hannun ba. Maganar hannun nan ta daɗe a bakin mutane, tana kuma da daɗin faɗa, domin tana yaba gwana, tana wanke wadda ta kasa. Illarta ita ce ta hana mutane da yawa koyon abin da bai gagari kowa ba. Abu biyu ne ke yanke hukuncin kowace alawa: yawan ruwan da ya rage a cikin sukari lokacin da aka sauke tukunya, da abin da aka yi wa sukarin bayan an sauke. Wanda ya gane waɗannan biyun zai yi kantun gyaɗa, ya yi alawar madara, har ya yi wata alawa ta kudancin ƙasar Amurka da ake kira firalin, wadda masu ita ke ji da ita sosai, alhali idan aka bi salsala 'yar'uwar tamu ce ta kusa.

Gidan firalin shi ne birnin New Orleans a jihar Louisiana. 'Yar fale-fale ce, launin ƙasa-ƙasa, faɗinta bai wuce bakin kofin shayi ba. Ana haɗa ta da farin sukari da jan sukari da madara da man shanu, sai ƙwayar fikan, wato 'ya'yan wata doguwar bishiya da asalinta kwarin kogin Mississippi ne da arewacin Meziko. Ba ta da ƙaras-ƙaras irin na kantu, ba ta da danƙo irin na iloka. Tana karyewa cikin sauƙi, ta narke a baki, ta bar ɗan gari-gari mai laushi a kan harshe. Duk wanda ya taɓa cin alawar madara mai kyau ya riga ya san rabin ɗanɗanonta.

Ruwa zalla yana tafasa ne a digiri 100 na ma'aunin Salshiyas, kuma ko an cika murhu da itace ba zai wuce nan ba, sai dai ya yi ta ƙonewa yana tashi tururi. Yola tana ƙasa-ƙasa a kwarin Binuwai, don haka lissafin ya dace da ita. A kan tsaunin Mambila ruwa kan tafasa tun bai kai haka ba. Amma da zarar an narkar da sukari a cikin ruwan, sai ma'aunin ya fara hawa. Ruwa na fita, sukari na zama, kuma gwargwadon raguwar ruwan, gwargwadon ƙaruwar zafin tafasar. Ke nan zafin da ke cikin tukunya yana faɗa wa mai dafuwa ko ruwa nawa ya rage. Tsakanin digiri 112 da 116, kusan kashi 85 cikin ɗari na abin da ke tukunyar sukari ne, kuma nan ne mazaunin firalin da alawar madara mai laushi. Daga 120 zuwa 130 an shiga danƙo, irin mai kama haƙori. Daga 146 zuwa 154 ruwan da ya rage bai fi kashi ɗaya ba, idan ya huce sai ya yi tauri ya karye ƙaras. Daga wajen 160 sukarin kansa ne ke sauyawa: ya yi ja, ya tashi ƙamshi, nan ne mai kantu ke zuba gyaɗarta, idan kuma ta yi sakaci na ɗan lokaci ya koma baƙi ya yi ɗaci. Digiri huɗu kacal ne tsakanin firalin da ta kama da wadda ta ƙi, kuma a tukunyar da ke kan garwashi ana iya ƙetare digiri huɗu kafin a amsa sallamar maƙwabciya.

Mai ja zai ce, to ai kakanninmu ba su san digiri ba, ba su taɓa riƙe ma'aunin zafi ba, amma alawarsu ba ta ɓaci, ashe dai hannun ne. Amsar ita ce su ma suna awo, da kayan awonsu. Gwana tana ajiye kofin ruwan sanyi kusa da murhu. Ta ɗebo ruwan sukarin a bakin cokali ta ɗiga. Idan ya watse ya bi ruwa, da saura. Idan ya kwanta a gindin kofi, ta sa yatsa biyu ta tattaro shi ya dunƙule, amma tana fito da shi ya baje a kan yatsa, to an iso matakin firalin. Idan dunƙulen ya tsaya da kansa, an wuce zuwa danƙo. Idan ya zama zare-zare masu karyewa da 'yar ƙara, an kai matakin kantu. Tana kuma kallon tafasa: da farko kumfa ƙanana ne masu gaggawa, daga baya su zama manya masu nauyi, suna fashewa a hankali. Wannan awo ne sosai, kuma littattafan masu sana'ar alawa a Turai da shi suka yi aiki tun kafin ma'aunin zafi ya shiga kicin. Abin da za a yarda wa mai ja shi ne, idon da ya shekara yana kallon tukunya ya fi na sabon shiga saurin gane alama. Amma wannan sabo ne, ana kuma koyonsa. Abin takaici shi ne gwanayen da yawa ba sa bayani, idan yarinya ta tambaya sai a ce mata "za ki gani idan ya yi." Dabara biyu za su taimaki mai koyo. A janye tukunya daga wuta duk lokacin da za a gwada, domin tana ci gaba da hawa ana can ana duba kofi. Sannan ruwan gwajin ya zama mai sanyi da gaske, na randa ko na ƙanƙara, domin ruwan famfo a bazarar Yola ɗumi gare shi, zai nuna alawar ba ta yi ba alhali ta yi.

Abu na biyu ya fi na farko ɓoyuwa. Ruwa mai sanyi yana iya riƙe sukari kusan ninki biyu na nauyinsa, ruwan zafi kuma ya riƙe fiye da haka nesa. Idan aka dafa har ruwa ya ragu sannan aka bari ya huce, sukarin da ke ciki ya fi ƙarfin ruwan, dalili kawai yake nema ya koma ƙwaya-ƙwaya yadda yake a buhu. Dalilin kuwa ba ya da wuyar samu: ƙwayar sukari guda da ta maƙale a gefen tukunya ta faɗo, ko cokalin da aka tsoma ba a wanke ba, ko juyawa a lokacin da bai kamata ba. Ƙwaya ɗaya tak ta isa ta juya tukunya, kamar yadda ɗan tsohon nono ke juya ƙwaryar madara ta wayi gari kindirmo. Mai kantu ba ta son ƙwaya ko kaɗan, shi ya sa take matsa lemon tsami. Tsamin yana raba wani kaso na sukarin gida biyu, gulukos da furuktos, su kuma sai su shiga tsakani su hana sauran haɗuwa. Haka mai hanjin ligidi ke yi, ko da ba ta san sunayen ba. Mai firalin kuwa tana son ƙwayar, amma 'yan mitsi-mitsi waɗanda harshe ba zai ji kaifinsu ba. Hanyar samun su ita ce a bar tukunya ta ɗan huce ba a taɓa ba, sannan a buga da ƙarfi, ƙwayoyi marasa adadi su fito lokaci guda, kowace ta rasa wurin girma, maiƙon madara da man shanu kuma ya lulluɓe su. Idan aka fara bugu tana tsananin zafi, ƙwayoyi kaɗan ne za su fito, su samu sarari su girma. Tsakuwar da ake kuka da ita a alawar madara ke nan.

Da wannan a zuciya, yin firalin na gyaɗa a gida ba shi da wani sirri. A soya gyaɗa gwangwani uku, a murje, a bakace jan ɓawon, a ɓarza rabi a bar rabi ɓari-ɓari. A shafa wa tire mai a ajiye, da cokula biyu, tun kafin a kunna wuta, domin idan lokaci ya yi babu sararin neman kaya. A samu tukunya mai kaurin gindi, mai zurfi, wadda kayan ba za su wuce kashi ɗaya cikin uku nata ba, saboda madara tana tasowa. A zuba farin sukari gwangwani biyu, mazarƙwaila da aka daka gwangwani ɗaya, madarar ruwa gwangwani ɗaya, man shanu babban cokali uku, da ɗan gishiri. A fara da wuta kaɗan, ana juyawa har sai an daina jin motsin sukari a gindin tukunya. Kada a bari ta tafasa kafin ya narke duka. A jiƙa tsumma mai tsabta a goge ƙwayoyin da suka maƙale a gefe. Sai a ƙara wuta kaɗan, ana jan muciya a hankali a gindin don kada madarar ta kama, har a kai dunƙule mai laushi a kofin ruwa. A sauke, a zuba gyaɗa, a bar ta 'yan mintoci, sannan a buga. Da farko haɗin yana sheƙi, yana zuba. Can sai muciya ta fara nauyi, sheƙin ya dusashe, a ji 'yar ƙara ta gurzawa a gefen tukunya. Wannan ne lokacin, kuma gajere ne: a riƙa ɗebowa da cokali ɗaya ana turewa da ɗayan a kan tire, da sauri. Cikin rabin awa sun kama. Yara kuma a nisanta su da wurin, domin ruwan sukari ya fi tafasasshen ruwa zafi, yana kuma manne wa fata. Idan ya zuba wa wani, a yi ta kwarara ruwan sanyi a wurin na kusan minti 20, ban da man goge baki da ɗanyen ƙwai da sauran abubuwan da aka saba shafawa.

Hujja mafi ƙarfi a kan masu maganar hannu ita ce kusan kowace ɓaraka tana da suna, tana da magani. Idan alawar ta ƙi kamawa, an sauke ta da wuri ne. A mayar da ita tukunya da ɗan madara a sake dafawa. Idan ta daskare a tukunya kafin a kwashe, an wuce da bugu. Cokali ɗaya na ruwan zafi zai sassauta ta. Idan madarar ta tsinke, tsami ne ya shiga. Mazarƙwaila tana da ɗan tsami nata, don haka wasu kan sa ɗan bekin soda a bakin cokali, wanda ke kashe tsamin, yana kuma ƙara wa alawar ja. Lemon tsami da ke gyara kantu shi ke ɓata firalin, kada a kusantar da shi. Jan launi da ƙamshin toyi da ke fitowa idan madara ta dahu da sukari ba ƙonewa ba ce. Haɗuwa ce tsakanin furotin na madara da wasu nau'o'in sukari, wadda wani masanin Faransa, Louis-Camille Maillard, ya bayyana a 1912, kuma ita ce ke ba tsire da ɓawon burodi launinsu. Abu ɗaya ne ba ya gyaruwa, shi ne ƙauri. Idan gindin tukunya ya ƙone, kada a kankare. A juye na sama a wata tukunyar a ceci abin da ya ceto.

Akwai kuma wani mai laifi da ba a cika zarginsa ba, wato yanayi. Sukari yana jan laima daga iska. A watan Agusta, lokacin da Binuwai ya cika ya tumbatsa, iskar Jimeta ta yi nauyi da danshi, kantun da aka yanka da safe yana ƙaras kan fara zufa kafin la'asar, ya manne a leda. Matar da ta koyi alawa a hunturu, abin ya yi mata kyau, ta sake gwadawa da damina ya ƙi, za ta ɗauka hannunta ne ya tashi, alhali sama ce ta sauya. Daga Disamba zuwa Fabrairu, lokacin da busasshiyar iska ke kaɗawa, shi ne lokacin alawa a wannan yanki. Da damina sai a ƙara mata dahuwa da digiri ɗaya ko biyu, a kuma rufe ta a mazubi mai murfi da zarar ta huce. Bazara tata matsalar daban ce: a Maris da Afrilu zafin Yola kan haura digiri 40, man shanu da man gyaɗar da ke cikin alawa su yi saurin sauya wari. Firalin ba ta son wuce mako ɗaya ko biyu ko a ina ne, a irin wannan zafi kuwa gara a yi kaɗan-kaɗan. Firji ma ba mafita ba ne inda wuta ke zuwa tana ɗaukewa, domin duk fitarwa da mayarwa raɓa ce ke sauka a kanta.

Wani zai ce duk wannan bayani ya yi, amma abin da aka yi da gyaɗa ba firalin ba ne, tunda babu fikan. Tarihin alawar da kansa ya amsa wannan. A Faransa aka fara ta a ƙarni na 17, ana kuma danganta ta da kukun wani babban hafsan soja, César de Choiseul, mai sarautar Plessis-Praslin, wanda ya rayu daga 1598 zuwa 1675. Ta farkon ba ta da fikan, ba ta da madara: ƙwayar almon ce da aka lulluɓe da sukarin da aka dafa har ya yi ja, kuma har yau haka ake sayar da ita a garin Montargis. Faransawa sun kafa New Orleans a 1718, suka tarar almon ba ya samuwa, fikan kuwa ga shi a daji. A 1795 aka yi nasarar fitar da sukari mai ƙwaya daga rake a gonar Étienne de Boré, gonakin rake suka bazu a Louisiana a kan gumin bayi 'yan asalin Afirka. Wani bawa mai kula da lambu, Antoine, shi ne a wajen 1846 ya yi nasarar yi wa bishiyar fikan aure a gonar Oak Alley, abin da ya buɗe hanyar noma ta da yawa. Matan baƙar fata ne suka mayar da alawar yadda take a yau, su ne kuma suka riƙa tallanta a titunan birnin a ƙarni na 19, wasu na yi da kwakwa ma. A Beljiyam kuwa, tun daga 1912 sunan ya koma kan cakulan mai ciko da Jean Neuhaus ya ƙirƙiro. Alawar da ta sauya ƙwaya da zarar ta ƙetare teku, ta ƙaro madara, ba ta da bakin cewa an ci amanarta don an sa mata gyaɗa a bakin Binuwai.

Bambanci dai akwai, bai kamata a ɓoye ba. Kusan kashi 70 cikin ɗari na fikan mai ne, gyaɗa kuwa kusan rabi. Shi ya sa fikan ya fi laushi a haƙori, gyaɗa ta fi ƙarfin ƙamshi, tana iya danne ɗanɗanon madara idan an soya ta da yawa. Wanda ke son abin da ya fi kusa da na Amurka sai ya gwada kashu, ko ya rage suyar gyaɗar. Bishiyar fikan tana buƙatar sanyin hunturu mai tsawo kafin ta yi 'ya'ya da kyau, shi ya sa a nahiyarmu Afirka ta Kudu ce ta yi fice a nomanta, kuma wanda ya dage sai da ita a Yola zai biya kuɗin jirgi ne kawai. Ita kanta gyaɗar baƙuwa ce da ta zama 'yar gida. Daga Kudancin Amurka 'yan Fotugal suka kawo ta gaɓar Afirka ta Yamma a ƙarni na 16, ta zauna har ta gina dalar Kano bayan isowar jirgin ƙasa, ta kuma cika jiragen ruwan da a da suka riƙa lodi a Jimeta a watannin cikar kogi. Ko'ina rake da gyaɗa suka haɗu, mutane sun gano abu ɗaya ba tare da sun yi shawara ba: a Birazil akwai alawar gyaɗa da mazarƙwailarsu, a Indiya akwai cikki, a Gana akwai nkate kek, a Meziko akwai falanketa.

Idan ana maganar kayan haɗi, da wuya a sami wurin da ya fi Adamawa dacewa. Gyaɗa tana zuwa daga Hong da Gombi da Song. Madara da man shanu suna shigowa gari a kan matan Fulani daga rugagen Girei da Fufore da Mayo-Belwa, kuma mai tsoron ɗanyar madara ya kwantar da hankali, domin dahuwar da ta wuce digiri 110 ba ta barin ƙwayoyin cutar da ake gudu. Sai dai madarar shanu ta fi ta gwangwani ruwa, don haka a ninka ta, a kuma yi haƙurin tsayuwa a murhu. Tukuicin shi ne ƙamshin da ta gwangwani ba ta da shi. Sukari kuwa, a Numan, inda Gongola ke haɗuwa da Binuwai, aka kafa kamfanin Savannah a 1971, wanda Dangote ya karɓa a 2003, kuma domin shayar da rakensa aka gina madatsar ruwa ta Kiri da aka kammala a 1982. Mazarƙwaila, wadda yankin Maƙarfi a jihar Kaduna ya shahara da ita, ita ce ke tsayawa a madadin jan sukarin Amurka, ta ma fi shi zurfin ɗanɗano domin ba a raba ta da komai na ruwan rake ba. Aibinta ɗaya, wani lokaci akan ci karo da yashi ko ɓawon rake, don haka ya fi kyau a narkar da ita a madarar da ɗumi a tace kafin a haɗa.

Maganar tsada gaskiya ce, ba a kuma kauce mata. Duk da Numan na nan kusa, sama da kashi 90 cikin ɗari na sukarin da Nijeriya ke sha daga waje yake zuwa ɗanye, galibi daga Birazil, a tace mafi yawansa a Legas. Farashinsa yana bin dala, kuma tun da aka saki Naira a 2023 kowace mai alawa ta ji a jikinta. Alawar kanti ta leda ta fi arha idan ƙirga guda-guda ake yi. Amma ita yawanci sukari ce da kala da ƙamshi, ita kuwa ta gida kaso mai yawa nata gyaɗa ce, wadda kusan kwatanta furotin ne. Ga mai sayarwa, tsadar kaya ita ce ma babban dalilin barin dogaro da sa'a: a da idan tukunya ta ɓaci a ba yara su lashe, yanzu tukunya ɗaya tana iya cinye ribar mako. A nan akwai abin da ya kamata a faɗa ko da ba zai yi daɗi ba. A New Orleans manyan mata ne suka riƙa zama da kwandon alawarsu. A nan sau da yawa ƙaramar yarinya ce ke yawo da tire a tashar Jambutu lokacin da sa'o'inta ke aji. Alawar da aka yanka daidai, aka naɗe da tsabta, tana iya zama a shagon unguwa ko a karɓi odarta ta waya, ba sai an ɗora wa yarinya ba.

Masu kula da lafiya kuma za su ce ana koya wa mutane cin sukari a lokacin da ciwon suga da ruɓewar haƙori ke ƙaruwa. Ba za a ce alawa magani ce ba. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ba da shawara a 2015 cewa sukarin da ake ƙarawa a abinci kada ya kai kashi 10 cikin ɗari na ƙarfin da mutum ke samu a rana, wato kusan giram 50 ga baligi, idan ya sauka zuwa 25 ya fi. Gwangwani uku na sukari kusan giram 400 ne; idan aka fitar da alawa 24, kowace tana ɗauke da kusan giram 17. Guda ɗaya ba laifi, uku kuwa sun cinye rabon yini. Amma kwalbar lemo ta rabin lita ita kaɗai kan ɗauki kusan giram 50, ana kuma shanye ta a tsaye ba a ƙirga ta a cikin zaƙi. Wadda ta auna sukari da hannunta ta ga yawan abin da ya shiga tukunya, ta fi mai sayen na kanti sanin abin da take ba 'ya'yanta. Mai ciwon suga dai ya bi abin da likitansa ya ce.

Haɗarin da ya fi sukari muni a alawar gyaɗa ba a ganinsa, ba a kuma cika zancensa ba. Gyaɗar da ba ta bushe da kyau ba, ko aka shanya ta a ƙasa, ko aka ajiye buhunta a ɗaki mai danshi, tana kama wata fumfuna mai fitar da guba da ake kira afulatoksin. An gano gubar ne bayan talo-talo kusan 100,000 sun mutu a Ingila a 1960, sakamakon cin abincin da aka haɗa da tunkuzar gyaɗa daga Birazil. Yau an tabbatar tana haddasa kansar hanta, haɗarin kuma yana ninkuwa ga mai ɗauke da cutar hanta nau'in B, wadda ta yi yawa a ƙasarmu. Suya ba ta kawar da ita gaba ɗaya, tafasar sukari ma haka. Alawa ce kuma wurin da ruɓaɓɓiyar gyaɗa ta fi samun mafaka, domin an ɓarza ta, zaƙi ya rufe ɗacinta, ja ya rufe launinta, ga shi kuma gutsattsarin gyaɗa ya fi arha a kasuwa. Cibiyar binciken noma ta IITA da ke Ibadan ta samar da Aflasafe, wanda manomi ke watsawa a gona don rage fumfunar tun daga tushe, amma a gida aikin na faifai ne da ido. A sayi gyaɗa cikakkiya, ta bana, a zube ta a haske a tsince duk wadda ta yamushe, ko ta fashe, ko ƙwaro ya huda, ko ta sauya launi, domin gubar tana taruwa ne a 'yan ƙwayoyi kaɗan, tsincewar kuma tana rage ta ƙwarai. Bayan an soya an murje, a sake dubawa, tunda wani tabon sai ɓawo ya fita yake bayyana. Wadda aka tsince kuwa kada a zuba wa kaji, kada a ba saniyar tatsa, domin gubar tana fitowa a madara. A binne ta ko a ƙone.